ROBIN SZOLKOWY: JININ AFIRKA DA YA CI DUNIYA SAU BIYAR A KAN ƘANƘARA

Daga Wakilinmu na Arewa, Vinikilang, Yola

Jama'a masu karatu, yau shafin namu zai yi nisan kiwo. Mun saba kawo muku labarin dambe da kokawa da ƙwallon ƙafa, amma wannan karo za mu leƙa ƙasashen da ruwa ke daskarewa har mutum ya hau kansa ya yi rawa, mu ɗauko labarin wani bawan Allah mai suna Robin Szolkowy, wanda mahaifinsa mutumin Tanzaniya ne, mahaifiyarsa kuwa Bajamushiya. Sau biyar yana zama zakaran duniya a wasan zamiyar ƙanƙara na mutum biyu, watau mace da namiji. Abu ɗaya tak ya gagare shi, ita ce lambar zinariya ta Olamfik. Ran da aka ci ta kuwa, abokiyar wasansa ta shekara goma sha ɗaya ce ta ci, tare da wani mutum dabam, shi ko a lokacin yana aiki a sansanin abokan hamayyarta.

YADDA WASAN YAKE

A nan Vinikilang da tsallaken gada a Jimeta, in aka ce ƙanƙara, abin da ke faɗo wa mutum a rai shi ne dunƙulen nan da ake sarawa a jefa cikin kula ko robar zoɓo, wanda kuɗinsa ke tashi in azumi ya faɗo a watan Maris ko Afrilu, sa'ad da zafin Yola ke haura 40 a ma'auni. To, a can Turai ƙanƙarar da muke magana fili ce guda, tsawonta mita 60, faɗinta mita 30, cikin babban ɗaki mai rufi, ga injuna suna riƙe da sanyinta dare da rana. Ɗan wasa yakan sa takalmi mai wuya wanda aka kafa wa ƙarfe a tafi kamar ruwan wuƙa, kaurin ƙarfen 'yan milimita kaɗan ne. A bisa wannan ɗan siririn ƙarfe zai sheƙa da gudu, ya daka tsalle, ya juya a sama kamar mazari, sa'an nan ya dira da ƙafa ɗaya yana tafiya da baya.

Wannan na mutum ɗaya ke nan. Na mutum biyu ya fi shi hatsari nesa ba kusa ba. Namijin zai ɗaga macen sama da kansa, wani lokaci da hannu ɗaya, alhali yana gudu yana juyawa. Zai cilla ta sama ta yi juyi uku a kwance cikin iska ya cafe ta kafin ta taɓa ƙasa. Akwai kuma wurgi, inda zai kama ƙugunta ya wurga ta gaba, ta juya sau uku ta dira ita kaɗai can nesa da shi, ba mai tare ta. Akwai wani salo da su kansu Turawan suka sa wa suna mai ma'anar kewayen mutuwa: ya kafa ƙafa ɗaya ya riƙe hannunta, ita ko ta kwanta har ƙeyarta ta kusa shafar ƙanƙara, tana zagaya shi. Bayan duk wannan, dole su yi tsalle tare su dira tare, kamar mutum da inuwarsa.

Wanda ya taɓa kallon 'yan Koroso na Kano, yadda suke fitowa biyu-biyu wannan ya tallafi wancan, ya ga ɗan kamanninsa. Amma ni abin da ya fi tuna mini shi ne masuntan da muke gani a kogin Binuwai da sassafe, mutum biyu cikin ɗan kwalekwale, ɗaya a tsaye a gaba zai jefa birgi, ɗaya a baya yana riƙe da jirgin. Idon mai kallo yana kan mai jifa, shi ake yi wa tafi in birgin ya buɗe da kyau. Na baya kuwa ba a ko tuna da shi sai ran da ya yi sake jirgin ya kife. Aikin Robin ke nan, na baya.

Zancen tufafinsu da yadda mace da namiji ke kama juna a bainar jama'a, wannan ba al'adarmu ba ce, ba kuwa shi muka zo yabo ba. Labarin mutumin da abin da ya gamu da shi muke so ku ji.

Gasar kashi biyu ce. Akwai gajeren zagaye na ƙasa da minti uku, akwai kuma dogo wanda a zamanin su Robin minti huɗu da rabi ne. Alƙalai su ba da maki, a haɗa na zagayen biyu. Da can maki shida ne ƙarshen yabo. Amma a gasar Olamfik ta 2002 a birnin Salt Lake na Amurka aka yi abin kunya a wannan wasa na mutum biyu, aka zargi wata alƙaliya Bafaranshiya da son kai, har ta kai aka ba da zinariya biyu, ɗaya ga 'yan Rasha ɗaya ga 'yan Kanada. Daga nan aka sāke tsari. Kowane tsalle da kowace ɗagawa aka yanka musu farashinsu, wanda ya fāɗi kuma a zare masa maki.

YARON DA BA SHI DA ABOKIYA

An haifi Robin ran 14 ga watan Yuli na 1979 a Greifswald, wani gari mai tsohuwar jami'a a bakin teku, cikin ƙasar da a lokacin ake kira Jamus ta Gabas. A zamanin nan ƙasashen gurguzu suna ɗibar ɗaliban Afirka suna koya musu aikin likita da injiniya, kamar yadda wasu 'yan Nijeriya suka yi karatu a Mosko. Mahaifin Robin yana cikin irin waɗannan ɗalibai, aikin likita ya je koyo, mahaifiyar kuwa nas ce. Yaron ya tashi a hannun uwarsa, uban sai a hoto. Ba su haɗu ido da ido ba sai a watan Maris na 2008 a birnin Viyana, yana da shekara 28, cikin watan da ya fara zama zakaran duniya.

Yana ɗan shekara huɗu aka fara sa masa takalmin ƙanƙara a garin Erfurt. Da ya kai sha shida ya koma wasan mutum biyu, ya kuma zauna a Chemnitz, garin da a zamanin gurguzu ake kira Karl-Marx-Stadt, inda shahararriyar nan Katarina Witt ta sami horo. A 2001 ya ci gasar ƙasar Jamus tare da wata yarinya Claudia Rauschenbach. Ba a daɗe ba ta bar wasa.

Nan ne mai karatu zai fara gane wahalar wannan sana'a. Ɗan dambe in ya rasa abokin karawa a Jimeta sai ya hau mota ya nufi Kano ko Dei-Dei, hannunsa yana jikinsa. Mai zamiyar biyu kuwa in abokiyarsa ta tafi, kome ƙarfinsa ya zama ba shi da sana'a. Kuma ba kowace mace ce za ta dace ba. Sai wadda tsawonta da nauyinta suka yi daidai da ƙarfinsa, wadda ke juyawa ta ɓangaren da yake juyawa, wadda kuma ke da zuciyar yarda wani ya wurga ta a bisa abu mai tauri kamar daɓen siminti. Robin ya fi shekara yana neman irin wannan bai samu ba. Don kada ƙafarsa ta manta ƙanƙara, sai ya shiga wata ƙungiya ta masu zamiya a jere cikin taro, yana jiran abin da Allah zai yi. Saurayi mai shekara ashirin da 'yan kai, lokacin da ya kamata a ce tauraronsa na haskawa, ga shi a layi.

Irin wannan ta taɓa faɗa wa wata mai jinin baƙar fata kafinsa. Tai Babilonia ta Amurka, ita da Randy Gardner, sun ci gasar duniya a 1979, shekarar da aka haifi Robin. Wadda ta fara haɗa su tun suna yara, Mabel Fairbanks, baƙar fata ce da wariyar launi ta hana ta shiga gasa a ƙuruciyarta. A Olamfik ta 1980 a Lake Placid kowa ya zuba ido ya ga karonsu da Irina Rodnina ta Tarayyar Sobiyet, mai riƙe da kambin duniya har goma. Ana gab da farawa ciwon cinya ya kayar da Gardner, suka janye. Babilonia lafiyarta ƙalau, amma haka ta fita fili tana kuka, ba ta kuma ƙara taka Olamfik ba.

BAƘUWA DAGA YUKREN

Can a ƙasar Yukren akwai wata yarinya 'yar ƙarama mai zafin nama, Aliona Savchenko, haifaffiyar 1984. Ta ci gasar matasa ta duniya a shekarar 2000 tare da Stanislav Morozov, suka je Olamfik ta 2002 suka zo na goma sha biyar, sa'an nan suka rabu. Ita ma ta rasa aboki. Ta bakin wani ɗan jarida Bajamushe labarinta ya iso Chemnitz. A watan Mayu na 2003 ta zo aka gwada su, bayan 'yan watanni ta tattaro kayanta ta dawo Jamus da zama, tana da shekara 19, ba ta jin Jamusanci.

'Yan'uwanmu da ke Agege da Idi-Araba da Mile 12, da na Sabon Ibadan da Shagamu da Fatakwal, ba sai an yi muku bayanin wannan ba. Kun san ranar da mutum ya sauka daga tirela da 'yar jakarsa, bai iya gaisuwar garin ba, kome sai da nuni da hannu. Bambancin kawai shi ne ita wannan yarinya, mutumin da ba ta jin harshensa shi ne zai ɗaga ta sama da hannu ɗaya gobe da safe. Ga shi kuma horon da aka ba ta a Yukren dabam, nasa na Jamus dabam, har yadda ake ɗaukar tsalle sai da suka sāke koyo don ƙafafunsu su zo ɗaya.

Wanda ya haɗa su ya kuma zama mai horar da su shi ne Ingo Steuer, tsohon ɗan wasa wanda ya ci gasar duniya a 1997 da tagullar Olamfik a 1998 tare da Mandy Wötzel. Shi ke tsara musu rawa, shi ke zaɓen kiɗa. Tun shekarar farko, 2004, suka ci gasar Jamus. A 2005 suka zo na huɗu a Turai, na shida a duniya.

Sai maganar takarda ta taso. A gasar duniya, in ɗaya daga cikin biyun ɗan ƙasa ne ya wadatar. A Olamfik kuwa dole kowannensu ya riƙe fasfo na ƙasar da yake wakilta. Wanda ya taɓa yawon neman takardar shaidar asalin jiha don ɗansa da aka haifa a Kudu ya san ɗacin wannan jira. Aliona ta sami zama 'yar Jamus ran 29 ga Disamba na 2005, saura mako shida a buɗe gasar Turin ta ƙasar Italiya.

ZUNUBIN MAIGIDA

Murna ba ta daɗe ba. A farkon 2006 aka tono cewa Steuer, sa'ad da yake saurayi a shekarun 1980, ya yi wa Stasi aiki, watau 'yan sandan ciki na Jamus ta Gabas, yana kai musu rahoton mutanen da yake hulɗa da su. A Jamus ta bayan haɗewa wannan ba ƙaramin tabo ba ne, don kuwa Stasi ta raba miji da mata, ta raba aboki da aboki. Hukumar Olamfik ta ƙasar ta cire sunansa daga ayari. Sai da ya je kotu kafin aka bar shi ya bi yaransa Turin. Cikin wannan hayaniya suka yi wasa, suka zo na shida.

Daga nan Ma'aikatar Harkokin Cikin Gida, wadda ita ke ba wasanni kuɗi, ta ce ba za a biya Steuer da kuɗin gwamnati ba. Aka nuna wa 'yan wasan biyu hanya: su sāke mai horarwa, kome ya tafi daidai. Suka ƙi. Robin ne ya fi ɗanɗana kuɗarsa. A Jamus 'yan wasa da yawa soja ne a takarda, rundunar soja ke biyansu albashi su kuwa su yi ta atisayen wasansu. Robin yana cikinsu, kuma saboda ya ƙi rabuwa da Steuer ya rasa wannan gurbi da albashinsa. Suka koma dogaro da kuɗin da suke ci a gasa, da na wasan nuni, da taimakon masu hali da magoya baya.

A ganina wannan shi ne wurin da ya fi wuyar hukunci a labarin duka. Abin da Steuer ya yi ba abin karewa ba ne, mutanen da aka kai rahotonsu suna da hakki. Amma Robin yana ɗan makarantar firamare aka yi abin, Aliona kuwa tana goye a wata ƙasa. Su aka ce su biya. Fataken shanu da na goro sun san matsayin maigida a zango: shi ya sauke ka ran da ba ka san kowa ba, shi ya tsaya maka aka ba ka bashi. In rana ɗaya aka ce an gano tsohon laifinsa, ka kwashe kayanka ka koma gidan wani, ba kowa zai iya ba, ko da laifin gaskiya ne. Akwai kuma lissafi a ciki, kada mu mai da su waliyyai: sun san ba wani a Jamus da zai kai su inda Steuer zai kai su.

Lissafin kuwa ya fita. A 2007 suka ci gasar Turai a Warso, suka zo na uku a duniya a Tokiyo. A 2008 a Gothenburg ta ƙasar Suwidin suka zama zakarun duniya, suka maimaita a 2009 a Los Anjalas. Gasar Turai ma suka riƙe ta shekara uku a jere. Ƙasar da ta ƙi biyan malaminsu ita ake buga wa take in sun hau dandamali.

VANKUBA DA SOCI

Tun daga 1964 har 2006, sau goma sha biyu a jere, zinariyar Olamfik ta wannan wasa ba ta taɓa kuɓuce wa 'yan Sobiyet da magadansu 'yan Rasha ba. A 2010 a Vankuba ta ƙasar Kanada kowa ya ga alamar sarautar za ta fāɗi, kuma zakarun duniya na shekara biyu su ne Robin da Aliona. Sai ga wasu tsofaffin hannu daga ƙasar Sin, Shen Xue da mijinta Zhao Hongbo, waɗanda suka riga suka yi ritaya, sun dawo musamman don wannan lamba. Zhao yana da shekara 36. Bayan gajeren zagaye Jamusawan suna na biyu, tazarar ba ta kai maki ɗaya ba. A dogon zagaye Robin ya tashi tsallen da ake kira Aksel mai juyi biyu da rabi, irin wanda ya yi sau dubbai a wurin atisaye, ya fāɗi. Mutanen Sin suka kwashe zinariya da azurfa, su Robin suka tashi da tagulla.

Ku lura da wannan. Mutumin da shekara bakwai yana ɗaga yarinyar nan yana saukewa, ba a kan ɗagawa ya gaza ba, a kan tsallen kansa ne. Kuma faɗuwar mutum ɗaya, makin mutum biyu ake zarewa.

Suka yanke shawarar ƙara shekara huɗu. A 2011 girgizar ƙasa da ambaliyar teku suka sa aka ɗauke gasar duniya daga Tokiyo aka kai Mosko, nan suka ci kambinsu na uku da makin da ba a taɓa samu ba kafin ranar. Amma a wannan gasa ce sababbin abokan hamayya suka fito, Tatiana Volosozhar da Maxim Trankov. Abin mamaki, ita Tatiana 'yar Yukren ce kamar Aliona, kuma da can tana wasa ne da Morozov ɗin nan da Aliona ta bari, har ta yi zama a Chemnitz a hannun Steuer, suna atisaye a fili ɗaya. Daga baya ta koma Rasha ta karɓi fasfonsu. Haka Yukren ta yi renon 'ya'ya mata biyu da suka fi kowa a zamaninsu, ɗaya ta ɗauki tutar Jamus, ɗaya ta Rasha, don a gida ba kuɗin riƙe su.

A 2012 a birnin Nis na Faransa su Robin suka tsira da kambi na huɗu da tazarar maki 0.11 kacal. A 2013 'yan Rashan suka ƙwace. A Disambar wannan shekara a Fukuoka ta Japan Jamusawan suka rama. Haka aka shiga Soci a Fabrairun 2014, kura ta san gidan mai babban sanda, mai sandan ma ya san kura.

A Soci 'yan Rasha suna gida, kuma bayan gajeren zagaye sun ba da tazara mai yawa. Su Robin suna na biyu. Da sun yi wasan lallaɓawa, da wataƙila azurfa ta zauna. Amma azurfa ba ita ta hana su barci shekara huɗu ba. Suka sa wurgin Aksel mai juyi uku da rabi, wanda kusan ba mai taɓa shi a gasa saboda hatsarinsa, suka kuma ajiye shi can ƙarshen dogon zagaye, lokacin da ƙafa ta riga ta gaji. Ran 12 ga wata suka fito su ne na ƙarshe. Tun da wuri Robin ya sāke fāɗuwa a tsallensa. A ƙarshe ya wurga Aliona, ita ma ta fāɗi. Rasha ta ɗauki zinariya da azurfa. Tagulla ta biyu ke nan.

Wasu sun ce ganganci ne. Ni ban ga haka ba. Ɗan kokawar da ya san in an tafi hukuncin alƙalai ya sha kaye, dole ya nemi kayarwa ko da shi zai fara taɓa ƙasa.

Bayan mako shida suka je Saitama ta Japan suka ci gasar duniya karo na biyar. Nan Robin ya rataye takalmi, yana da shekara 34. Abin da ya tara shi ne kambin duniya biyar, na Turai huɗu, na Jamus takwas tare da Aliona ban da wanda ya ci a 2001, da tagullar Olamfik biyu.

ZINARIYAR DA TA ZO BAYA

Aliona ta ce ita ba ta gama ba. Ta samo wani ƙaton Bafaranshe, Bruno Massot, wanda ta girme shi da shekara biyar. Aka koma gidan jiya: Faransa ta ƙi sakinsa sai a ƙarshen 2015, fasfon Jamus kuwa bai samu ba sai a Nuwamban 2017, saura wata uku a yi gasa. A wannan tsakani ta rabu da Steuer, mutumin da ta ƙi bari sa'ad da gwamnati ta matsa, ta koma garin Oberstdorf wurin wani mai horarwa, Alexander König. Abin da hukuma ta kasa rabawa cikin shekara takwas, zaman yau da gobe ya raba shi cikin 'yan watanni.

Shi kuwa Robin ya shiga aikin horarwa, kuma waɗanda suka buɗe masa ƙofa su ne 'yan Rasha. Nina Mozer, matar da ta horar da waɗanda suka kayar da shi a Soci, ita ta ɗauke shi cikin ma'aikatanta, yana taimaka wa wasu matasa biyu, Evgenia Tarasova da Vladimir Morozov. Ɗan Afirkan da Jamus ta rena ya koma cin abinci a Mosko.

Gasar 2018 a Pyeongchang ta Koriya ta Kudu ita ce wadda Nijeriya ta fara halarta a tarihin Olamfik ta lokacin sanyi. Seun Adigun da Ngozi Onwumere da Akuoma Omeoga suka shiga tseren keken ƙanƙara, Simidele Adeagbo kuma ta shiga na kwanciya rub da ciki a kan faranti. Ba su ci lamba ba, amma tutarmu ta shiga fili, shekara talatin bayan Debi Thomas ta Amurka ta zama baƙar fata ta farko da ta ci lamba a irin wannan gasa, ita ma a zamiyar ƙanƙara.

A gajeren zagaye Bruno ya yi kuskure, tsallen da ya kamata ya juya sau uku ya juya sau biyu. Suka sauka na huɗu. 'Yan Sin, Sui Wenjing da Han Cong, suna na ɗaya, yaran Robin suna na biyu. Washegari, 15 ga Fabrairu, Aliona mai shekara 34, a zuwanta Olamfik na biyar, ta fito ita da Bruno suka yi minti huɗu da rabi ba tuntuɓe ko ɗaya. Alƙalai suka ba su maki 159.31, abin da ba a taɓa ba kowa ba a dogon zagaye. Da kiɗa ya tsaya ta zube a kan ƙanƙara, shi ma ya zube kusa da ita. Sauran suka fito ɗaya bayan ɗaya. 'Yan Sin suka yi 'yan kurakurai, jimlarsu ta tsaya 235.47, ta Jamusawa 235.90. Ƙasa da rabin maki ya raba su. Rabon Jamus da wannan zinariya tun 1952.

Yaran Robin su suka rufe fili. Tarasova ta fāɗi a wurgi, suka gangaro na huɗu, ko tagullar da malaminsu ya ci sau biyu ba su samu ba.

Bayan wata guda aka sāke haɗuwa a gasar duniya a birnin Milan. Aliona da Bruno suka zo na ɗaya, kambinta na shida ke nan, ta ɗara Robin da guda. Tarasova da Morozov suka zo na biyu. Na uku kuwa 'yan Faransa ne, Morgan Ciprès da abokiyar wasansa Vanessa James, baƙar fata wadda aka haifa a Kanada.